Robar da Ba Ta Dawowa

Shanun huɗa biyu, ɗaya baƙi ɗaya wake-wake, da buhun gyaɗa shida da aka ware don iri da cefanen damina. Abin da na fitar daga gidan mahaifina ke nan a rani guda, na kai kasuwa, na dawo da tif ɗari da arba'in, wato tsohuwar robar cikin tayar manyan motoci. Sharaɗi ɗaya aka gindaya mini: kafin ruwan shuka ya sauka, shanu su dawo turkensu. Ba lallai su ɗin ba, amma dai biyu, masu jan garma. Wata huɗu ke gabana, ni kuwa a lissafina wata biyu ma sun ishe ni.

Abin da ya tono mini wannan zance shi ne, kwanan baya na je ta'aziyya ƙauyenmu, can tsakanin Kafur da Malumfashi, na tarar an rufe rijiyar ƙofar gidanmu da siminti. An haƙa fanfo a bakin masallaci, mata na layi da jarkoki, kowa shiru, sai ƙarar ƙarfe. Na tsaya a kan simintin nan na daɗe. Waɗanda suka rako ni sun ɗauka ƙafata ce ta riƙe. A zamaninmu wurin nan ba ya shiru. Tun hantsi za ka ji guga ya faɗa ruwa tinjim, igiyar rama tana kuka a kan itacen bakin rijiya, wanda ta sassaƙe shi har ya yi layi-layi kamar kunya a gona. Mata na gardamar wa ta riga wa, masu shayar da dabbobi na yi wa shanu fito, wani na zagin wanda ya bar guga a rana. Kusan duk gugan da ke sauka rijiyoyin yankin nan a lokacin na fata ne, kuma kusan duk hannun mutum ɗaya ya ɗinka su, shi ne mahaifina.

Baba baduku ne, ɗan baduku. A zaure yake aiki, zaune a kan buzu, ƙafa ɗaya a miƙe, ya danne fata da babban yatsa. Warin zauren nan har yau in na rufe ido ina jin sa: bagaruwa, da jiƙaƙƙen ƙirgi, da man gyaɗa. Aikina tun ina ƙarami shi ne daka bagaruwa, da ɗebo ruwan jiƙo, da shafa mai. Shafa man nan shi ne abin da ba ya wasa da shi. Kowane guga, kowace salkar ruwa, kowane takalmi, kafin ya bar zauren sai an mulke shi da mai, an shanya a rana ya sha, an sake mulkewa. In ya ga fata ta yi fari-fari a hannun mai ita, ko ba shi ya ɗinka ba, sai ya karɓa ya shafa mata, yana faɗa a hankali cewa ƙishi take ji, kuma duk abin da aka bari da ƙishi tsagewa zai yi. Ba mutum ne mai yawan magana ba. Farashinsa ɗaya, in ya faɗa ya faɗa. Mai saye ya yi ta ciniki, shi kuwa yana ta ɗinki kamar ba da shi ake ba. Da basillarsa ta ɗinkin fata ya tara kuɗin shanun huɗa, shekara da shekaru, har gidanmu ya zama na uku a ƙauyen da ya ajiye garmar hannu. Ni ne babba, don haka ba ya kiran sunana. Magaji yake ce mini.

Ni kuwa zaman zaure bai karɓe ni ba. Da na yi aure sai na sayi tsohon keke, na fara bin kasuwanni da ƙananan kaya. A tashar motar Funtua na fara ganin abin da ake yi da tsohon tif. Lokacin kakar auduga garin ba ya barci, motoci na shigowa da lodi har sun fi ƙarfin tayoyinsu, jirgin ƙasa na kuka a tasha, ga farin gashin auduga ya manne a kowace ƙaya ta bakin hanya. Tif in ya sha faci har ya gaji, sai a jefar. Wasu suka gano in ka yanka shi tsiri-tsiri, babu igiyar da ta kai shi ɗaure kaya a bayan keke: ka ja, ya miƙe, ka naɗa, ya tsuke kansa, ko ka faɗa rami kaya ba sa motsi. In kuma ka yanke shi guntu, ka ɗinke gindi, ka sa masa zoben ƙarfe a baki, ga guga, wanda ba ya ruɓewa, ba ya neman mai, kare ma ba ya ɗauka ya gudu da shi. Na sayi tif biyu na gwada. Da basillar da Baba ya koya mini na ɗinka su. Kasuwa biyu suka ƙare.

Wanda nake saye a wurinsa wani Bayarabe ne mai shagon kayan mota, haifaffen Funtua, Hausarsa ta fi tawa daɗi. Ya taɓa yin aikin rubutu a gidan gurzar auduga, shi ya sa kowa ke ce masa Akawu. Mutum ne mai ba'a, amma bai taɓa cuta ta ba. Da kaka ta wuce sai ya kai ni bayan shagonsa, ya nuna mini tuli guda, ya ce yana son wurin don sabon kaya, in zan iya kwashewa gaba ɗaya zai sakar mini a rabin kuɗi, amma hannu da hannu. Na tsuguna na yi ta ja ina saki, ɗaya bayan ɗaya. Jajaye ne yawancinsu, masu rai, irin waɗanda in ka saki sai sun mare ka a yatsa. A kan hanyar gida ban ga komai ba sai shanun Baba.

Kwana tara ina bin sa da maganar. Ban tsaya kewaye-kewaye ba, don ban iya ba. Na ce masa shanu a rani ci kawai suke yi, ba sa kawo komai, ni kuwa zan juya kuɗinsu sau biyu kafin gajimare ya haɗu. Ya ce ita fata an san dabbar da ta fito, an san an yanka ta da sunan Allah, ita wannan aba wa ya yanka ta, a wane gari. Na ce masa rijiya ba ta tambaya. Bai yi dariya ba. Ya sani, ni ma na sani, tun da na fara kawo gugan roba masu zuwa zaurensa suka fara raguwa, amma babu wanda ya taɓa faɗi a cikinmu. Inna, mahaifiyata, ita ce ta yi ta shiga tsakani, tana ce masa yaron nan ba shashasha ba ne, ka taɓa ganin ya fita da sule ya dawo da sisi? Rana ta tara, bayan la'asar, bai ɗago daga ɗinkinsa ba ya ce:

"Magaji, je ka kwance su. Amma ranar da aka yi ruwan shuka, in ga shanu a turke."

Na ce in Allah ya so. Ya ce shi ma da yardar Allah ya faɗa.

Makonni ukun farko na ɗauka na gama da talauci. A Kafur kafin azahar na sayar da abin da na kawo. A Malumfashi har ana ƙwace. Daga nan abu ya fara sanyi. Na kawo guga ashirin, na sayar da huɗu. Na rage kuɗi, na sayar da huɗu. Na sake ragewa har na kai inda ribar ba ta wuce kuɗin ƙosai ba, aka dai sayi uku. Mutane na tsayawa su yaba, su ce kai wannan araha, su wuce. Tif ɗari da goma sha wani abu na jibge a kusurwar zauren Baba, yana aiki ya ba su baya. Na hau keke na tafi Funtua na zube wa Akawu kukana. Yana cin gyaɗa, ya bari sai da na gama.

"Ɗan baduku, rijiya nawa ce a ƙauyenku?"

Na ce bakwai.

"To in ka ba ni guga kyauta, sai in haƙa ta takwas don in ji daɗin arahar?"

Ya ce kayan da nake sayarwa ba irin tsire ba ne, da in ya yi sauƙi mai cin tsinke ɗaya zai ci uku. Mai keke ɗaya tsirin roba biyu yake so, ya samu, kuma abin takaicin ma na sayar masa da wanda ba ya lalacewa da wuri. Ya ce a makarantar da ya yi, Turawa na da kalma guda ga wannan, inilastik. Asalinta ana faɗinta ne ga abin da in ka ja ba ya jawuwa, ko in ya jawu ba ya komawa yadda yake. Sai masu ilimin kasuwa suka ara, suna faɗinta ga kayan da araha ba ta ƙara musu masu saye, tsada kuma ba ta korar musu, kamar gishiri, kamar likkafani. Ya ce har ga doka ana faɗi, da mutumin da ba ya sassautawa ko sama da ƙasa za su haɗu. Na ce masa ni ba kalma na zo saye ba. Ya yi dariya har ya ƙware, sannan ya ba ni shawarar da ta dace: in daina karya kuɗi, in nemi inda ba a taɓa ganin kayan ba. Ya ce in bi ta Dandume in nausa yamma, akwai dillalan da ke kai kaya ƙauyukan daji, su za su iya ɗauka da yawa.

Na ɗaure samfur a keke na tafi. Zafin bazara ya kankama, irin wanda ƙasa ke ƙona ƙafa ta cikin takalmi, tsuntsaye ma su yi shiru da tsakar rana. Yanzu matashi zai hau babur ya je Dandume ya dawo kafin shayinsa ya huce. Ni kwana goma sha ɗaya na yi a wannan tafiya, ina kwana a zaurukan mutane, ina tura keke a yashi. A ƙarshe na dace da wani dillali, dattijo mai jakuna da yawa. Ya ja robata, ya saki, ya sake ja, ya ciza da haƙori. Ya ce in duk irin wannan ce, in kawo ɗari, zai biya a take, a kuɗin da ban taɓa sa rai ba. Na lissafa a ƙasa da tsinke: shanu biyu, gyaɗa shida, har da saura. Na juyo gida ina waƙa a kan keke, ni da ban iya waƙa ba.

Da hantsi na iso. Tun daga bakin rijiya na hango wani abu na ƙyalli a kan dangar gidanmu da kan rufin zaure, har da igiyar shanyar Inna. Da na matso sai na ga robata ce, an baje ta ɗaya-ɗaya a rana, baƙi ƙirin, tana sheƙi kamar an wanke ta. Wani wari ya dake ni, ba na zauren da na sani ba, warin gareji. Baba na zaune a ƙofar zaure tare da maƙwabta uku, abokan hirarsa. Hannuwansa baƙi har gwiwa. Da ya gan ni sai ya sunkuyar da kai, ya yi wani ɗan murmushi da ban taɓa gani a fuskarsa ba, irin na wanda ya yi abin kirki yana jin kunyar a gani. Ɗaya daga cikin dattawan ya riga shi magana, ya ce Magaji ka yi sa'ar uba, kwana takwas ke nan bai taɓa fatarsa ba, kayanka yake wa hidima.

Ban ko jingine keken ba, na sake shi ya faɗi. Na ciro tif ɗaya daga danga. Ya yi nauyi, ya kumbura, yana manne wa yatsa. Na ja shi. Ya biyo ni kamar ƙullin alkama, ya miƙe, na saki, ya tsaya a inda na bar shi, a saki, kamar hanjin akuya. Na ƙara ja, ya rabu biyu ba ko ƙara. Na ɗauki na biyu, haka. Na uku, wanda ya fi daɗewa a kan rufi, shi ya riga ya ƙandare, na lanƙwasa shi ya yi tsaga-tsaga. Na bi danga ina ja ina yarwa, ina ja ina yarwa, dattawan nan na kallona, murmushin Baba na gushewa a hankali.

Sai na juyo na faɗi maganar. Zan rubuta ta yadda na faɗe ta, don ban taɓa rage mata komai ba a zuciyata.

"Baba, don sana'arka ta mutu shi ne ka kashe tawa?"

Dattawan suka dubi ƙasa. Baba ya kalli hannuwansa, ya juya su, ya daɗe. Sannan ya ce, a hankali, ba ma ni yake kallo ba:

"Na ga ta yi fari ne. Na ɗauka ƙishi take ji."

Ya tashi ya shiga gida. Ina jin sa yana ce wa Inna ta ba shi toka ya wanke hannu.

Sauran labarin a bakin Inna na ji, bayan kwanaki, lokacin da ta yarda ta yi mini magana. Ta ce washegarin tafiyata ya tsaya a kan tulin ya daɗe, abin da bai taɓa yi ba. Ya ɗauki ɗaya ya ga farar hoda a jikinta, irin wadda ake barbaɗawa don kada ta manne da taya, shi kuwa a idonsa alamar bushewa ce. Ya ce mata dukiyar yaron nan za ta tsage kafin ya dawo, kuma shanunmu ne a ciki. Ya fara da man gyaɗarsa na aiki, tulu guda, ya ƙare a kan tif goma sha wani abu. Ya so ya taɓa na girki ta hana. Sai ya yi tunani cewa abin mota ai man mota zai fi karɓa. Ya ɗauki garwa biyu, ya taka da ƙafa har tashar Malumfashi, mutumin da bai taɓa roƙon kowa komai ba, ya yi wa wani makanike gyaran takalma da sabon kube na wuƙa, aka cika masa garewani da baƙin man da aka juye daga inji. Sau uku ya yi wannan tafiya. Kullum daga asuba yana mulkewa, ciki da waje, ya shanya a rana don ta sha, ya juya, ya ƙara. Ta ce har yana cewa ashe abar nan tana da ladabi, dubi yadda take shan mai, ta yi laushi. Ta ce rabon da ta gan shi da walwala haka tun ranar da aka kawo shanun.

Na ɗauki guda biyu na kai wa Akawu, ko akwai dabara. Ya karɓa da yatsa biyu, ya shinshina, wannan karon bai yi dariya ba. Ya ce mai da rana su ne ajalin irin wannan roba, kowane ɗaya ma ya isa, balle an haɗa mata su kwana takwas. Na tambaye shi ko in an wanke da sabulu, ko an jiƙa a ruwa, ko an binne a ƙasa mai sanyi. Ya girgiza kai, ya ce abin da ke sa ta dawowa ya riga ya mutu a cikinta, ba a mayar da shi. Ya tambaye ni wa ya yi wannan aiki. Da na faɗa masa sai ya ce, to, ka dai bi tsohon a hankali. Ban gaya masa na riga na yi magana ba.

Tif goma sha bakwai ne suka tsira, waɗanda ke can ƙasan tuli, man bai kai gare su ba. Su na kai wa dillalin Dandume, ya karɓa, ya ce shi ɗari muka yi da shi, kada in ƙara sa shi ya tsayar da jakunansa a banza. Abin da na samu bai kai kuɗin ɗan maraƙi ba. Na sayi irin gyaɗa da shi.

Ruwan shuka ya sauka da rana tsaka, da iska da ƙamshin ƙasa. A kowane gida murna ake. Ina tsaye a ƙofar ɗakina ina kallon turke, ruwa na taruwa a ramin da kofaton shanu suka yi, garmar shanu a jingine da rumbu. Baba ya fito, bai dubi turken ba, bai dube ni ba. Ya shiga rumbun tarkace ya fito da tsohuwar garmar hannu, wadda aka ajiye tun ina yaro, ya zauna ya gyara mata ƙota. Washegari ya fita gona da ita a kafaɗa. Na bi shi da tawa. Haka muka yi daminar nan, kunya da kunya, yana gaba ina baya, bayansa a duƙe, ba ma magana sai ta aiki. Rabin gonar muka iya nomawa. Sauran ciyawa ta cinye.

Da kaka ta yi, na zaci zai koma zaure kamar kowace shekara. Bai koma ba. Ya naɗe basillarsa da wuƙaƙensa a cikin buzun da yake zama, ya ɗaure, ya aika wa wani ɗan'uwansa baduku a wani gari. Masu kawo gyaran guga suka yi ta zuwa, yana ce musu ya bari, su je wurin mai roba. Daga nan kuma shi ma haka ya koma kirana, kamar yadda mutanen kasuwa ke yi. Ku kira mini mai roba. Mai roba ya dawo? Ba da gatse yake faɗi ba, da ma da gatse ne da na fi jin sauƙi.

Mutane za su ce me ya hana ka durƙusa ka ba shi haƙuri. Na tambayi kaina wannan fiye da yadda wani zai tambaye ni. Gaskiyar ita ce ni ɗan kasuwa ne tun a lokacin, na ɗauka haƙurin baki ba shi da nauyi, sai ka zo da abin da ka ɓata a hannunka. Na ce a raina ranar da na ɗaure shanu a turken nan, ranar zan durƙusa, magana ta tafi tare da shaida. Inna ta ce mini ba shanu ne suka yi masa ciwo ba. Na ji ta, amma ban saurara ba. Na bar roba, na koma gishiri da kanwa, kayan da ko an yi tsada ko an yi araha sai an saya. Bayanin nan na Akawu da na raina, shi ya zama jarina, a kansa na gina duk abin da na mallaka daga baya. Damina uku na ɗauka.

Na kawo shanun ana saura kwanaki a yi shuka, manya, sun fi na da. Na ɗaure su, na je na same shi a gindin bishiyar da ya koma zama, na durƙusa, na ce Baba ga shanu a turke, ka yafe mini abin da na faɗa. Ya taso ya zo ya duba su yadda ya kamata, ya buɗe bakinsu, ya shafa wuyansu, ya ɗaga kofato. Ya ce shanu ne masu kyau, an iya zaɓe, Allah ya sa musu albarka. Game da yafiya ya ce ai ya yafe tun a ranar, kuma gaskiya na faɗa, sana'ar ta mutu, shi ne bai sani ba sai da aka gaya masa. Na ce to gobe zan sa su a gonarsa. Ya ce a'a, in kai su tawa, shi hannunsa ya saba da ƙota, ɗan abin da yake nomawa ya ishe shi. Na roƙe shi. Inna ta roƙe shi. Na turo limamin ƙauye da abokan hirarsa. Kowa ya ba shi amsa ɗaya, cikin ladabi, ba ɗaga murya. Damina biyu ya ƙara yi a duniya, shanuna na huɗa a gonar da ke maƙwabtaka da tasa, shi yana duƙe da garmar hannu, ina jin numfashinsa daga inda nake.

Yanzu babu baduku ko ɗaya a ƙauyen. Gugan robar ma da ya kore su an daina, jarka ake yankewa, ita ma fanfo ya kore ta. Jikokina ba su san warin bagaruwa ba, kuma ban ga abin da zai sa su sani ba. Ba na cewa wancan zamanin ya fi, wahala ce tsagwaronta, wanda ya ce maka ba haka ba bai riƙe ƙota ba. Abin da nake cewa shi ne an yi wasu mutane da suka iya abu ɗaya tak, suka iya shi har ƙarshensa, kuma da shi kaɗai suka san yadda ake nuna ƙauna. Mu da muka zo da sabon abu ba mu tsaya mun gaya musu yadda yake ba. Kalma biyu da na faɗa masa kafin in hau keke, kada a sa mata mai, kada a bar ta a rana, da sun wadatar. Ban faɗa ba don ni ma a lokacin ban sani ba. Na sayar da shanun mutum a kan abin da ban san mene ne ajalinsa ba, sannan na tsaya a gaban abokansa na ɗora masa laifi.

Na yi shekaru sama da hamsin ina saye da sayarwa, kuma ban saba rufe ciniki ban san inda na tsaya ba. Na yi motoci, na yi shaguna a Funtua, na sauke farali, na kai Inna ita ma. Duk wannan riba ce, ba na musu, kuma daga asarar nan ta tsiro. A ɗaya gefen kuwa abu kaɗan ne. Kwana takwas da tsoho ya yi yana murna yana yi mini aiki, na biya shi da jimla ɗaya. Shekara biyar ya rayu bayanta. Ranar da zai cika ina zaune a gefensa, ya buɗe ido ya dubi Inna, ya tambaye ta ko mai roba ya ci abinci. Na sha ɗora wannan a kan sikeli tare da motocin da shagunan, ta kowace fuska na iya. Ban taɓa tashi da riba ba.